Kujera a Baya, Jini a Goshi

Ku yi haƙuri da shirun da na yi muku. Na ga saƙonninku duka, na masu yi min addu'a da na masu tambaya ko da gaske saurayina ne wannan da ake yawo da bidiyonsa. Eh, shi ne. Ban ɓuya don kunya ba, gajiya ce ta kwantar da ni, irin gajiyar da barci ba ya maganinta. Yau dai na ce bari in zauna in faɗa muku da bakina, tunda kowa a Kaura Namoda ya riga ya ba da labarina ban da ni.

Ga waɗanda yau suka fara karanta ni, sunana Mubaraka, 'yar Malam Alhassan. Babana malamin Larabci ne a sakandare, kuma shi ke ba da karatu a masallacin unguwarmu bayan sallar asuba. Gidanmu gidan littattafai ne, ko rediyo aka kunna aka ji kiɗa ya taso sai Inna ta miƙa hannu ta rage. A irin wannan gida ni kuma zuciyata ta tsallake duk masu zuwa da jamfa mai guga da biro a aljihu, ta je Banga ta ɗauko manomin gero, ɗan kokawa, Muttaka. Ranar da na fara ganinsa motarmu ce ta kafe a laka a hanyar biki. Maza sun taru suna ta shawara, shi kuwa ya naɗe ƙafar wando ya sa kafaɗa, ya fitar da ita, ya tafi abinsa ko jiran godiya bai yi ba. Tun daga nan na shiga uku.

Na zaci Baba zai ƙi. Bai ƙi ba. Ya sa aka bincika masa, aka ce yaron ba ya shaye-shaye, ba ya wasa da sallah, ubansa Tsoho ma ɗan kokawa ne a zamaninsa. Baba ya ce kokawa ba laifi ba ce muddin an rufe al'aura, mutanen Banga su zo a sa rana da zarar an gama girbi. Har Inna ta fara tara min kwanuka a ƙarƙashin gado.

To, girbin ne bai zo da komai ba. Babbar gonarsu Muttaka tana can bakin daji inda 'yan bindiga suka hana kowa taka ƙafa, sai 'yar ta bayan gida ya noma. Filayen kokawar kaka ma sun mutu, wa zai tara jama'a da ganga a ƙauye yanzu? Ana cikin haka wani Magaji ya dawo daga Legas da tabarau da sarƙa a wuya, ya ce shi zai kawo wa Zamfara resilin, irin kokawar Turawan nan ta talabijin, amma mai zafin, wadda ake dukan juna da kujera da tsani. Ya bi ƙauyuka yana tsintar ƙarti. Ya ɗauki Muttaka, ya ɗauki abokinsa Yazid, mutumin Zurmi.

Yazid ɗin nan ku riƙe shi. Shi ne ke rako Muttaka zance gidanmu. Mutum ne mai kunya, in na kawo musu zoɓo ko ɗago kai ba ya yi, sai ya ce, "An gode, amaryarmu," ya koma can bakin ƙofa yana latsa waya.

An yi wasan a Shinkafi ranar kasuwa, da rana tsaka, don kowa ya samu ya koma gida kafin duhu. Da safen Muttaka ya turo min saƙo: "Ki yi min addu'a. Kuma don Allah in an turo miki bidiyo kada ki kalla."

Ku faɗa min macen da za a ce wa haka ta ƙi kallo.

Ina tsakar gida ina tsinke zogale, da zanen atamfa ɗaure a ƙirji da tsohon hijabina mai ruwan toka, saƙon ƙawata Naja'atu ya shigo. "Mubaraka kin ga wannan kuwa? Innalillahi." Na goge hannu a zani na buɗe.

Dandamali ne na katako, an kewaye shi da igiya, a ɓangare ɗaya kuma an ɗaure waya mai ƙaya. Mutane har kan katanga da kan motocin shanu. Muttaka ya fito da warki da layu a damtse, makaɗin ubansa na binsa da ganga yana kaɗa masa takensa, kamar dai kokawar gaske. Sai ga abokin karawarsa. Kakin soja, rawani ya rufe fuska sai ido, bindigar katako a rataye. Magaji ya yi wa Yazid shigar ɗan bindiga, a Shinkafi, a gaban mutanen da rabinsu sun binne wani nasu. Ihun da ya tashi sai da wayata ta yi ƙara. Na ga takalma da robar ruwa suna tashi sama.

Sauran kun gani, ba sai na ɓata muku rai ba. Yazid ya ɗauki kujerar ƙarfe ya maka wa Muttaka, Muttaka ya faɗi rub da ciki. Da ya ɗago, jini ya rufe masa fuska har gemu. Ganga ta ƙara zafi. Ya miƙe, ya ɗauko dogon ƙwan lantarki ya fasa shi a gadon bayan Yazid, ya ɗauko wani ya sake fasawa, sannan ya ɗaga shi sama ya nana shi a kan tebur har teburin ya rabe. Jama'a suka ɓalle igiya suka ɗauke Muttaka a kafaɗa. Da ƙyar aka fitar da Yazid ta bayan fili a cikin mota, don wasu sun fara neman duwatsu.

Ban san lokacin da kwanon zogalen ya kife ba.

Kafin magariba garin ya rabe biyu. Wasu na cewa jarumi, wasu na cewa dabba. Saƙonnin murya suka cika waya, kowa ya zama malami, kowa ya zama alƙali. Ranar Juma'a aka yi huɗuba a kai, ba a kira suna ba, amma da Baba ya shigo gida ko abinci bai taɓa ba. Aka hana sake yin wasan. Magaji ya kashe wayarsa ya ɓace. Matan da ba su taɓa leƙo mu ba suka fara zuwa gaida Inna, suna zama a tabarma suna bin ƙofar ɗakina da ido. Wata har ta ce wa Inna, wai cikin tausayi, "Mijin da ka fasa ƙwan lantarki ga bayan ƙato, ranar da miya tay yi gishiri mi za shi yi ma ɗiyarki?"

Wadda ta fi ba ni tausayi Gwaggo Kubra ce, ƙanwar Baba. Tun da aka kashe mijinta a gona a wajen Zurmi ta dawo gidanmu da zama, ba ta cika magana ba. Ta karɓi wayata ta kalla har ƙarshe, ta miƙo min, ta ce, "Mu da munka gudo ma jini, shi na anka biyo mu da shi da ganga." Ta tashi ta shige ɗaki. Ranar ba ta ƙara fitowa ba.

Ni kuwa na kasa daina kallon bidiyon. Ina wanke-wanke ina kallo, ina shara ina kallo, har ya zama ba na jin ihun. Kowa kujerar yake kallo, ni mijin da zan aura nake kallo, shi ya sa na ga abin da ba su gani ba. Kujerar a baya ta same shi, tsakanin kafaɗu. Ko kusa da kansa ba ta je ba. Amma jinin a goshi ya fito. Na tsayar da hoton, na ja baya, na sake. Yana kwance rub da ciki, alƙalin wasa ya tsaya ya kare shi yana yi wa Yazid faɗa, sai hannun Muttaka na dama, wanda ya naɗe da filasta, ya shige ƙarƙashin fuskarsa ya fito. Shi ya yanka kansa. Da na gane haka sai na ga sauran duka: yadda Yazid ya juya baya ya daidaita tun kafin ƙwan ya iso, yadda Muttaka ya tallafe masa ƙeya lokacin da zai nana shi a tebur.

Wallahi dariya na yi, ni kaɗai a ɗaki, sannan na yi kuka. Ashe ba mugu ba ne. Ɗan wasan kwaikwayo ne kawai, mai reza a hannu.

Na rubuta masa: "Kujera a baya, jini a goshi. Yaya aka yi haka?"

Ya karanta. Na ga yana rubutu, ya tsaya, ya sake farawa. Can sai ga shi: "Mubaraka, an sa mun dafa Alƙur'ani kafin a fara. Kada ki tambaye ni komai."

"Ba tambayarka nake ba. Gani na yi."

"To ki bar shi a cikinki."

"Baba fa?"

Sai ya turo, "Kin ci abinci?" Maza ke nan.

Shekaranjiya Baba ya aika a kira Muttaka. Ya zo bayan la'asar, shi kaɗai, ba Yazid. Ta tagar kicin na hango shi yana jingine babur: farar shadda da ta sha shuɗi, wadda yake ajiyewa don zuwa gidanmu, ya janyo hula gaba don ta rufe filastar goshinsa, ba ta rufe ba. Ya rame. Inna ta ba ni butar shayi da kofuna a faranti ta ce in miƙa zaure in dawo nan take. Na miƙa, amma ban dawo ba. Na tsaya a bayan labulen ƙofar ciki da farantin a hannu.

Baba ba mai doguwar magana ba ne. Bayan gaisuwa ya tambayi Tsoho, ya tambayi jikin Yazid, Muttaka ya ce da sauƙi. Sai ya ce:

"Muttaka, tambaya guda za ni yi ma. Abin ga da nig gani, gaskiya na ko wasa?"



"Ka ji ni da kyau," in ji Baba. "In gaskiya na, to ba ni ba da ɗiyata ga wanda ka fasa ƙwan lantarki ga bayan ɗan'uwanai Musulmi mutane na kallo. Ko uwa guda ta haife ni da babanka ba ni badawa. In ko wasa na, shirya shi kunka yi, to ka hwaɗa min, gobe bayan asuba ka tashi cikin masallaci ka hwaɗa ma jama'a, a sanyaya zukata, a bar yaron ga na Zurmi shi fita kasuwa ba tsoro. Sai mu ci gaba da maganarmu inda munka tsaya."

Na lumshe ido. Na ce alhamdulillahi, ga ƙofa Baba ya buɗe masa, shiga kawai ya rage.

"Malam," muryar Muttaka can ƙasa, "na yi rantsuwa."

"Na sani. Irin rantsuwar ga ana warware ta. Ka yi kaffara, ka ciyar da miskinai goma, in ba ka da hali ka yi azumi. Ni za ni ba ka hatsin ma. Sai mi kuma?"

Na ji ƙarar kofi a kan tabarma.

"Ba rantsuwar kaɗai ba ta, Malam."

"Ina jin ka."

"Ran da anka gama wasan, wata tsohuwa ta kutso cikin mutane tar riƙe min hannu. Ban san ta ba. Tac ce ɗanta guda anka kashe, ba ta samu gawa ba. Tac ce, 'Ɗan nan, yau ka rama min, yau za ni barci.' Tana kuka tana shafa min albarka. Malam, a Banga yanzu in na wuce tsofaffi ka tashi tsaye. Mutanen da sunka bar gonakinsu, da anka kore su kamar awaki, rana guda sun ga an ka da ɗan bindiga gabansu. In tashi in ce musu abokina na, tare munka ci tuwo da safe? Kuma babana. Shekarunai duka yana kokawa ba a taɓa cewa ya sayi kaye ba. In na hwaɗi, duk kayen da nit taɓa yi cewa za a yi shiri na. Har nashi."

Jama'a, ban taɓa jin maganar ba sai a lokacin. Bai gaya min zancen tsohuwar ba. Na tsaya da faranti ina jin tausayinsa da haushinsa a lokaci guda. Duk abin da ya faɗa ai amsa ce, kowa ya ji ya san amsa ce. Amma Baba malami ne, ba ya yanke hukunci da hasashe, kalmar yake so ya ji ƙarara.

"Duk na ji," Baba ya ce a hankali. "Na tausaya ma tsohuwar, cikin gidan ga ma akwai irinta. Amma barcin da anka samu da ƙarya ba shi daɗewa. Ina jiran amsa. Gaskiya ko wasa?"

Na jira. Na ji babur ya wuce a waje, na ji Inna na kirana ƙasa-ƙasa daga tsakar gida. Na ji Baba ya ja numfashi, na ji motsin rigarsa, na san motsin nan tun ina yarinya, tashi zai yi. In kuwa Baba ya tashi daga magana, ta ƙare.

Sai na ɗaga labulen na shiga.

A gidanmu 'ya mace ba ta shiga zaure uba na magana da baƙo, balle baƙon da ke neman aurenta. Na durƙusa a bakin ƙofa, kaina a ƙasa, na ce, "Baba, ka gafarce ni. Wasa na. Ni ban yi rantsuwa ba, don haka ni za ni hwaɗi. Kujera ga baya tas same shi, jini ga goshi yaf fito. Shi ya yanki kainai da reza. Ga wayata, in nuna maka wurin."

Baba ya dube ni, ya daɗe. Bai yi min tsawa ba. Na ma ga fuskarsa ta ɗan saki, kamar wanda aka sauke wa kaya. Ya juya ga Muttaka.

"To ga shi an ɗauke maka nauyin hwaɗi. Kai dai ka ce awo, ka amsa. Haka na?"

Kalma ɗaya fa. Awo. Ko kai ya gyaɗa ya wadatar.

Na ɗago na dubi Muttaka. Ban taɓa ganin idonsa haka ba. Ba fushi ba ne, da fushi ne da na fi iya ɗauka. Kallon mutumin da aka tuɓe wa riga a kasuwa ne. Jijiyar wuyansa ta tashi, filastar goshinsa ta jiƙe da gumi. Ya ɗauke ido daga kaina ya mai da kan Baba.

"Malam, ba ta san abin da taka hwaɗi ba. Mace ta, tsoro ya sa ta ga abin da babu. Gaskiya na. Dukan gaske munka yi."

Ban ji zafi nan take ba. Sanyi na ji, tun daga tafin ƙafa. A gaban ubana, mutumin da na zaɓa na bar kowa dominsa ya mai da ni mai ƙarya, ko kuma marar hankali, ban san wanne ya fi ba.

Baba ya gyaɗa kai. Ya san wa ke da gaskiya, na ga hakan a fuskarsa, kuma sanin ne ya ƙara ɓata abin. Ya ce, "To, madalla. Ka gaida min Tsoho. Ka ce mai kada su wahal da kansu da zuwa." Ya sa takalmansa ya fita masallaci, ko lokacin sallah bai yi ba.

Muka rage mu biyu a zauren. Shayinsa na nan bai sha ba. Na zaci zai ce wani abu, ni ma na zaci zan ce. Ya gyara hularsa ya tashi. Na kwashe kofunan na kai wa Inna, na wanke su tas, na kife, na ɗauki tsintsiya na share tsakar gidan da na riga na share da safe. Gwaggo Kubra ce ta zo ta zare tsintsiyar daga hannuna, ta zaunar da ni kusa da ita.

Jiya da hantsi saƙon Muttaka ya shigo. Ba sallama, ba ban haƙuri, layi biyu kawai:

"Na riga na buɗe baki zan faɗa masa lokacin da kika ɗaga labule. Da kin ƙara haƙuri kaɗan, Mubaraka, da da bakina zai ji."

Tun jiya nake juya maganar nan. Ina bayan labule, ban ga bakinsa ba. Baba ne kaɗai ya gani, kuma da safen nan na kai masa kunu, na durƙusa, na tambaye shi. Ya daɗe yana juya cokali a kofi. Sannan ya ce, "Ki bar tambayar ga, ɗiyata. Ko wace amsa nib ba ki, kuka za ki yi."